Rigimar sunan Aiko a gidanmu

Makon jiya aka yi sunan 'yar ƙanina, Allah ya raya mana ita. Sunan Hajiyarmu aka mayar, kun kuwa san abin da hakan ke nufi: babu mai iya buɗe baki ya kira sunan a tsakar gida, dole a nemi laƙabi. To a nan aka samu tirka-tirka. Maijego ta ce ita Aiko take so a riƙa kiran 'yarta. Sunan Japanawa ne, ta ji shi a wani fim ɗin zane da take kallo a waya tun tana da ciki, ya kwanta mata a rai. Ƙanina ya ce bai san zancen ba. Hajiya da aka gaya mata sai cewa ta yi, "Aiko? Wa za a aiko? Me za a aiko?" Aka kwashe da dariya, maijego ta shige ɗaki ranta a ɓace. Da yake ni ne babban wa, kuma wai ni ne ɗan boko, aka ce in bincika in raba gardama.

Na shiga binciken ne da niyyar in kashe maganar. Gaskiya ban fito yadda na shiga ba.

Japanawa da haruffan da suke kira kanji suke rubuta sunayensu, waɗanda suka aro daga Sin tun zamanin da. Kowane harafi yana ɗauke da ma'anarsa, ba kamar namu na boko ba da sai an haɗa su kafin su ce wani abu. Aiko haruffa biyu ne, 愛子. Na farkon, ai, so ne ko ƙauna. Na biyun, ko, ɗa ko 'ya. Idan za a faɗe shi da Hausa sai a ce 'yar so, ko 'yar lele. Wa zai ƙi wannan?

Amma ga inda gizo ke saƙar. Sautin "ai" shi kaɗai ba ya nufin so. Akwai wani harafin daban, 藍, shi ma ai ake karanta shi, ma'anarsa baba, wannan dai baban da ake rini da shi a marinar Ƙofar Mata. Akwai kuma wani ai ɗin da ke nufin baƙin ciki. Sai ka ga mata biyu duk ana kiransu Aiko, ɗaya 'yar so ce, ɗaya 'yar shuɗi. Shi ya sa idan Bajapane ya faɗa maka sunansa, sau da yawa sai ya ƙara da bayanin da wane harafi ake rubuta shi. Mu idan ka ce Bilkisu ka gama magana. Su kuwa rabin sunan yana baki, rabi yana kan takarda, kuma na kan takardar shi iyaye suka fi ɓata dare a kai. Wasu har ƙirga layukan harafin suke yi wai don neman sa'a. Wannan kam camfi ne, ban saya ba.

Abin da ya fi ba ni mamaki shi ne su ma a rana ta bakwai suke raɗa suna a al'adarsu. Oshichiya suke kiran bikin. Ana rubuta sunan jaririn da burushi da tawada a kan farar takarda, a kafa ta inda kowa zai gani, dangi su ci abinci. Doka kuma ta ba iyaye kwana 14 su kai sunan ofishin gunduma a shigar da shi rajistar iyali.

Aikon da ta fi kowace shahara ita ce 'yar Sarkin Japan na yanzu, Naruhito. An haife ta ranar 1 ga Disamba 2001, bayan iyayenta sun yi shekara 8 da aure babu haihuwa, kuma duk ƙasar ta zuba wa uwar ido. Duk matar da ta taɓa zaman jiran haihuwa a gidan da dangin miji ke ƙirga mata watanni ta san wannan zafin, to ita Masako jaridun ƙasa guda ne suke ƙirga mata. Mace ce da ta yi karatu a Harvard, tana aikin jakadanci, ta ajiye ta shiga gidan sarauta. Da aka zo suna, al'adar gidan ita ce kakan jariri, wato sarki, shi ke zaɓa. Wannan karon iyayen ne suka zaɓa da kansu. Sun ciro shi ne daga wani wuri a koyarwar Mencius, tsohon masanin Sin, inda yake magana a kan son mutane da girmama su. Harafin so ya zama sunanta, harafin girmamawa ya zama laƙabinta na sarauta, Toshi. Ina karanta wannan na tuna da yadda wasunmu ke zaɓen suna a cikin motar dawowa daga asibiti.

Sai dai duk daɗin sunan bai buɗe mata ƙofar gadon ubanta ba. Dokar gidan sarauta ta 1947 ta ce namiji ne kawai ta jinin uba zai hau karaga. A 2005 wani kwamitin gwamnatin Koizumi ya ba da shawarar a bar mata su gada, ana cikin haka matar ƙanin Naruhito ta haifi namiji, Hisahito, a Satumban 2006, aka naɗe maganar aka ajiye. Alhali a tarihinsu mata 8 sun taɓa yin sarauta, ta ƙarshensu ta sauka a 1771. Yau Aiko ta gama jami'a, tana aiki da ƙungiyar agaji ta Red Cross ta Japan tun 2024, kuma ranar da ta auri talaka za ta fita daga gidan sarautar, kamar yadda 'yar baffanta Mako ta fita a 2021. Wannan zance ne na wata rana, amma ban iya wuce shi ba.

Yanzu ga abin dariyar. Maijegonmu tana ganin ta samo sunan zamani ne. A can Japan kuwa duk sunan mace da ya ƙare da "ko" ƙamshin tsofaffi yake yi. A da na matan fada ne da 'ya'yan manya, daga baya talakawa suka ɗauka, har ya kai a tsakiyar ƙarni na 20 kusan duk inda ka waiga Kazuko ce ko Sachiko ko Keiko ko Yoko. Sannu a hankali ya fara ja da baya. Gidan sarauta ne suka riƙe shi gam: Michiko, Masako, Kiko, Mako, Kako, Aiko. Matasan iyayen yanzu sun koma sunaye irin su Himari, mai haɗa harafin rana da na wata fure, ko Tsumugi, wanda sunan wani yadin siliki ne na saƙar gargajiya. Kamar dai a ce wata yarinya a Tokyo ta dage sai an kira 'yarta Kande, tana ganin ta yo gaba.

Su ma fa suna da nasu ciwon kan. Akwai abin da suke kira sunayen kirakira, wato masu ƙyalƙyali. Doka ta ƙayyade haruffan da za a iya sa wa yaro, kusan 3,000, amma ta daɗe ba ta ce komai ba a kan yadda za a karanta su. Sai iyaye suka samu kafa: a rubuta harafi mai kyau, a ce ai Pikachu ake karanta shi. Malamin makaranta ya ɗauki rajista ya rasa yadda zai kira ɗalibi, ma'aikaciyar asibiti ta tsaya tana kame-kame. Tun a 1993 wani uba a yankin Tokyo ya je zai yi wa ɗansa rajista da Akuma, wato shaiɗan, aka kai ruwa rana har gaban kotu kafin ya haƙura ya sauya. Daga ranar 26 ga Mayu 2025 sabuwar doka ta fara aiki: dole a rubuta yadda ake furta kowane suna a rajistar iyali, kuma jami'i yana da ikon ƙin karɓar karatun da ba shi da alaƙa da harafin, ko wanda ya juya ma'anarsa, kamar a rubuta harafin tsawo a ce gajere ake karantawa.

A matsayina na ma'aikacin gwamnati, jikina bai cika son a ba wa mai zama bayan tebur ikon cewa "wannan sunan bai yi ba". Na san halinmu. Ka ba mu hatimi kaɗai ma ka ga yadda muke yi, balle a ce sunan ɗan wani ne a hannunmu. Amma duk da haka na fi karkata ga dokar, saboda a duk wannan cinikin mutum ɗaya ne ba a tambaya ba, kuma shi zai ɗauki kayan har kabari. Uba yana nishaɗinsa na rana ɗaya, yaro yana amsa Pikachu a ɗakin ganawar neman aiki yana da shekara 25. Ƙasar da haihuwarta ta faɗi ƙasa da jarirai 700,000 a 2024, kowane yaro ya zama zinariya, ina ganin shi ya sa iyaye ke neman sunan da babu mai irinsa, har wasu su zarce gona da iri.

To mu dawo gida. Abin da na fara gaya wa maijego shi ne, idan kika ɗauko Aiko kika kawo nan, sautin kawai kika ɗauko. Harafin da ke riƙe da ma'anar yana can kin baro shi. A kunnen Bahaushe aiko aiko ne, a aiko yaro, a aiko saƙo. Haka Hana, wanda a wurinsu fure ne, mu a wurinmu hani ne. Mika kuwa kowa miƙa zai ji. Nana ce kaɗai za ta shige cikinmu ba a gane baƙuwa ce ba. Na kuma ce mata abin da ke burge ta a wurin Japanawa, wato a sa wa yaro sunan da ke ba da labari, ai mu ma muna da shi muka yar. Kande ta gaya maka maza ta biyo, Tanko mata ya biyo, Gambo bayan tagwaye ya zo, Marka ana tsakiyar ruwa aka haife ta, Azumi a watan azumi, Talatu da Laraba da Jummai ranarsu suke ɗauke da ita. Ajuji kuwa duk wanda ya ji ya san uwar ta sha binne 'ya'ya kafin wannan. Yau ka kira yarinya Marka a makarantar kuɗi ka ga yadda za ta yi kuka.

Ina ganin na gama da ita. Sai ta ce, "Yaya, da Amira na ce ko Afnan ko Nur, wallahi babu wanda zai ce uffan. Don dai na Japan ne. Kuma cikin masu sa waɗancan, nawa ne suka san fassararsu? Ni ai na san ma'anar nawa."

Na yi shiru, don ta fi ni gaskiya a nan. Shekara nawa muna aro laƙabi daga finafinan Indiya da na Turkiyya da littattafan soyayya ba wanda ya kira taron dangi? Ba yanka za a yi da shi ba, ba shi liman ya raɗa ba, kuma ma'anarsa ba ta saɓa wa komai a addini ba. Haƙƙin yarinya a kanmu shi ne suna mai kyau, an kuma ba ta, sunan kakarta. Uwar da ta ɗauki ciki wata tara ta ce tana so ta riƙa kiran 'yarta abar ƙauna da wani harshe, ban ga dalilin da zai sa mu taru mu yi mata dariya ba. Na ji kunyar dariyar da na taya aka yi.

Inda na kafe guri ɗaya ne, kuma aikina ne ya koya min. Ba sau ɗaya ba ba sau biyu ba, na ga mace ta zo ofis da takardu uku suna uku: na yanka a takardar haihuwa, laƙabi a ta firamare saboda shi aka faɗa wa malam ranar shiga aji ɗaya, wani haɗin gambiza kuma a ta sakandare. Sai an je kotu an yi rantsuwa, an buga a jarida, wani lokacin ƙarin girma ya wuce ta ko kuɗin fansho ya maƙale tana zarya. Japanawa sun yi doka ne don abin da ke baki ya dace da abin da ke takarda. Mu ba mu da mai yi mana wannan, sai mu yi wa kanmu. Na ce a kira ta Aiko a ɗaki da tsakar gida, amma kada in ga sunan a katin asibiti, kada in gan shi a rajistar makaranta. Ƙanina ya amince, maijego ta amince, ni da kaina na je na karɓo takardar haihuwar da sunan yanka.

Na san cikinku akwai masu cewa na yi sako-sako, yau Aiko gobe Sakura. Akwai kuma masu cewa ina ruwan wan uba da laƙabi tun farko. Ku faɗa a ƙasa, ina karantawa, amma don Allah ban da zagin maijego, tana ganin shafin nan.

Yanzu dai yarinya tana da suna huɗu. Uwarta na cewa Aiko, ubanta na cewa Mamana, Hajiya na cewa Takwara, na yankan kuma yana cikin fayil a durowata. Shekaranjiya na je gaida Hajiya na tarar da jaririyar a cinyarta, na tsokane ta na ce, "Hajiya, har yanzu ba ki yarda da Aikon ba?" Ba ta ko ɗago ta dube ni ba ta ce, "Ai ko na yarda ko ban yarda ba, Allah ne ya aiko ta. Miƙo min zanin goyon can."