Matasan 'yan fim ɗin Hausa da bidiyon rayuwarsu

Wata al'ada da ke ƙara yaɗuwa tsakanin matasan 'yan wasan fina-finan Hausa ita ce ta ɗaukar kansu da wayar salula, suna karin kumallo ko haddace rawar da za su taka, sannan su sanya bidiyon a YouTube ko TikTok.

Babban dalilin hakan dai shi ne neman abin sakawa a bakin salati.

Tun bayan fitowar fim ɗin Turmin Danya a Kano a 1990, sana'ar ta dogara ne kan sayar da kaset, daga baya kuma faifan CD. Satar fasaha da tura fina-finai a waya sun durƙusar da wannan kasuwa, lamarin da ya sa shirye-shirye masu dogon zango irin su Izzar So, wanda aka fara a 2020, suka koma intanet.

A 2018 ne YouTube ya gindaya sharaɗin samun mabiya 1,000 da sa'o'in kallo 4,000 cikin shekara guda kafin a raba kuɗin talla da mai tasha. Ke nan matashin da ba ya samun aiki a kai a kai na iya tara 'yan kallo da rayuwarsa, ba sai ya jira furodusa ba.

To sai dai kuma abin na tattare da haɗari. A fim, ɗan wasa na iya cewa rawa aka ba shi ya taka. A bidiyon gida kuwa, sutura da kalaman da aka gani nasa ne, kuma da su jama'a za su auna tarbiyyarsa.

A 2007, bayan bazuwar wani bidiyon sirri na wata 'yar wasa da aka ɗauka da waya, hukumomin Kano sun dakatar da shirya fina-finai na tsawon watanni. A 2020 kuma, Rahama Sadau ta fito a bidiyo tana neman afuwa bayan ce-ce-ku-ce kan wasu hotunanta.

Hukumar tace fina-finai ta jihar Kano, da aka kafa a 2001, kan duba fim ne kafin ya shiga kasuwa, amma bidiyon waya kan isa ga dubban mutane cikin 'yan mintoci. Don haka nauyin tacewar ya koma wuyan ɗan wasan, wanda kuskure guda ka iya raba shi da sana'arsa.