Waiwaye: Zdeněk Liška, makaɗin da ke sa hannu a tace fim

Duk wanda ya taɓa sa takalmin Bata yana da 'yar alaƙa da garin Zlín na tsohuwar Cekoslobakiya, domin can ne mahaifar kamfanin. Kamfanin ya gina sutudiyo don fina-finan tallar takalma, kuma a nan Zdeněk Liška ya sami aiki bayan Yaƙin Duniya na Biyu, yana matashin da bai daɗe da gama makarantar kiɗa ta Prague ba. An haife shi a 1922 a Smečno, yankin masu haƙar kwal.

Da gajerun fina-finan zane da na 'yar tsana ya fara, wajen daraktoci Hermína Týrlová da Karel Zeman. Wannan makaranta ce mai tsanani. 'Yar tsana ba ta numfashi, ba ta da murya. Idan ta ɗaga ƙafa, sautin ne zai gaya wa mai kallo ko tsoro take ji ko taƙama. A nan Liška ya koyi auna kiɗa da motsi daƙiƙa bayan daƙiƙa, kuma bai bar wannan ɗabi'a ba har ya mutu a 1983.

Abin da ya bambanta shi da sauran shi ne ba ya jira a gama fim a miƙo masa ya yayyafa kiɗa a kai. Zama yake a teburin tacewa, ya ce a rage nan, a jinkirta can. Daraktoci kuwa suna saurara, abin da ba kasafai darakta ke yi wa makaɗi ba. A ganina wannan ne ya kamata masu fim na kowace ƙasa su lura da shi: in dai sai an gama komai ake kiran mai kiɗa, to ba za a samu fiye da ado ba.

A fim ɗin Ikarie XB-1 na 1963 ya cika jirgin sararin samaniya da sautukan na'ura. A Marketa Lazarová na František Vláčil, 1967, ya haɗa amon mawaƙan coci da ganguna da raɗe-raɗin muryoyi, har mutum ya ji sanyin dajin da kerkeci ke yawo a ciki. A 1998 masu sharhin ƙasar suka zaɓi wannan fim a matsayin mafi kyau a tarihinsu. Spalovač mrtvol na Juraj Herz, 1969, labarin mai ƙona gawa ne da ya bi 'yan Nazi. Liška ya ba shi kiɗan rawa mai daɗi, da muryar mace tana shawagi a sama, sai daɗin ya zama shi ne abin tsoron. Obchod na korze ma, wanda ya ci Oscar a 1966, kiɗansa ne.

Bayan tankokin Tarayyar Sobiyet sun shiga Prague a Agustan 1968, aka kulle fina-finai da dama, daraktoci irin su Miloš Forman da Ján Kadár suka koma Amurka. Liška bai tafi ba, aiki kuma bai yanke masa ba. Shi ya yi kiɗan Třicet případů majora Zemana, shirin talabijin da aka shirya don wanke 'yan sandan gwamnatin kwaminisanci. Bai yi masa aikin ganin dama ba. Ya zuba gwaninta sosai, shi ya sa kiɗan ya zauna a kunnen jama'a. Ban ga hanyar yabon hannun da ya yi Marketa Lazarová ba tare da ambaton wannan ba.

Shekaru bayan rasuwarsa, kamfanin Finders Keepers na Ingila ya fitar da kiɗan Spalovač mrtvol da na Ikarie XB-1 a faifai.