Ladabin Tambaya da Amsa a Majalisin Ilmi

 Ku sani akwai wani al'amari da ya kamata mu dube shi da idon basira, watau yadda ake tambaya da yadda ake ba da amsa a kan ilmin ɗabi'ar abubuwa, wanda 'yan boko ke kira fiziks. Shi ne ilmin da ke bayanin haske da sauti da zafi da wutar lantarki da tafiyar rana da wata.

A da, tambayoyin da ake kawowa zauren malam ba su wuce na tsarki da gado da ciniki ba, kuma an san wanda ya cancanci ya amsa su. Yanzu kuwa farantan hasken rana da batura da wayoyin hannu sun cika kasuwar Mai'aduwa, ana ɗaukarsu ta Kwangwalam har ƙasar Nijar, tambayoyi sababbi kuma sun biyo su. Abin takaici shi ne, wannan fanni ya zama gonar da ba ta da shinge. Mutum ya yi tambaya a rumfa ko a zaure, goma su amsa, wanda ya fi ƙarfin murya shi ne ya yi gaskiya.

Kada wani ya ce ai wannan hira ce, ba ta cutar da kowa. A watan Janairu na 2001 an yi husufin wata, wasu samari a Maiduguri suka ɗauka cewa zunubin wasu mutane ne ya jawo shi, suka fita suka ƙone gine-gine. Da sun sami wanda ya gaya musu cewa inuwar duniya ce ta fāɗa a kan wata, kuma hakan ba ya faruwa sai a daren tsakiyar wata, da dukiya ba ta salwanta ba. Sa'an nan ran 29 ga Maris 2006, a ƙarshen Safar na 1427, rana ta yi husufi da hantsi, duhu ya ratsa ƙasar Katsina da Damagaram. Wannan kuwa masana hisabi sun faɗi ranarsa da sa'arsa tun shekaru kafin ya auku, domin wata ne ya gitta tsakanin rana da duniya. Wanda ya ji daga gare su ya jira abinsa da kwanciyar hankali. Bambancin amsar mai sani da ta mai kirdado ke nan.

Saboda haka muna ganin lalle kowane majalisi da ake irin waɗannan tambayoyi ya sami shugaba, ya kuma sami ƙa'idodi sanannu, waɗanda za su hau kan babba da yaro.

Ta farko tana kan mai tambaya. Ya kawo tambaya guda, a fili, tare da awonta da abin da ya riga ya gwada. Wanda ya ce batirina ba ya daɗewa, bai ba mai amsa abin kamawa ba. Amma in ya ce batirin mai bolt 12 ne da amfiya 100, fankar kuma mai wat 60 ce, to lissafi ya samu: 12 sau 100 ya ba da 1,200, a raba da 60, sa'a 20 ke nan a takarda. Tun da batirin dalma yana saurin lalacewa in ana zuƙe fiye da rabinsa, sai a ce masa ya dogara ga sa'a 10. An ce matambayi ba ya ɓata, amma fa sai ya faɗi garin da ya nufa.

Ta biyu tana kan mai amsa. Ya faɗi inda ya samo maganarsa, kuma in da hali ya nuna hanyar da mai sauraro zai gwada da kansa. Misali, an tambaya don me ake ganin walƙiya kafin a ji tsawa. Amsa ita ce haske yana tafiyar kilomita kusan 300,000 a daƙiƙa, sauti kuwa mita kusan 340 kacal. Duk mai shakka ya jira damina ya ƙirga: kowace daƙiƙa uku tsakanin walƙiya da ƙara, nisan kilomita guda ne. Yadda ba mu karɓar fatawa sai an ambaci littafi da babi, haka bai kamata mu karɓi wannan ba sai da awo da gwaji.

Ta uku, kalmar ban sani ba ta zama abin girmamawa a majalisi. An ruwaito cewa an yi wa Imamu Malik tambayoyi 48, ya amsa 32 daga cikinsu da cewa bai sani ba, wannan kuwa bai rage masa daraja ba. Malamin fiƙihu ya tura tambayar lantarki ga ma'abotanta, malamin boko shi ma ya tsaya inda saninsa ya tsaya.

Ta huɗu, abin da gwaji ya riga ya yanke, kada a bari ya cinye lokacin jama'a. A 1775 majalisar masana kimiyya ta birnin Paris a Faransa ta yanke cewa ba za ta ƙara duba wani inji da aka ce yana juyawa har abada da kansa ba, domin ta gaji da ɓata lokaci a kansu. Yau ga shi irin wannan da'awa ta dawo da sunan janareta mara mai. Ku sani inji ba ya haifar da ƙarfi, juya shi kawai yake yi daga wata siffa zuwa wata, kuma kullum wani kaso yana tafiya a zafi. In aka ga injin yana ba da wuta babu mai, babu rana, babu iska, to akwai batir a ciki, kuma zai ƙare. Ɗan kasuwa ya fi kowa gane wannan, gama buhu ba ya fitar da mudun da ba a zuba masa ba.

Ta biyar, mai sayar da kaya ba ya zama alƙali a kan kayansa. In yana da haja a cikin abin da ake tambaya, ya faɗa tun farko, kuma kada majalisi ya koma rumfar talla. Ta shida, babu zagi, babu yi wa mai koyo dariya, ko da tambayarsa an amsa ta sau ɗari. A nuna masa amsar da ta gabata da sakin fuska.

To, wani zai ce, ashe waɗannan ƙa'idodi ba za su toshe bakin mai sabon tunani ba? Wannan tsoro yana da tushe, kuma saboda shi ne muke cewa shugaban majalisi shi ma yana da iyaka. Ibnul Haisam, mutumin Basra wanda ya rasu a Alƙahira wajen 1040, ya saɓa wa magabata da suka ce haske daga ido yake fita, ya nuna da gwaji cewa daga abin da ake kallo yake shiga ido, har ya rubuta littafi a kan shakkunsa game da Batlamiyus. Da shugaba mai girman kai ya hana shi magana, da an yi babbar hasara. Saboda haka wanda ya zo da saɓani tare da hujja da awo, a ba shi tabarma. Wanda ya zo da da'awa tsagwaronta, a ce ya je ya kawo hujja. In shugaba ya tsai da magana, ya faɗi ƙa'idar da aka karya a gaban kowa, don kada horo ya zama son zuciya.

Wannan ilmi ba baƙo ba ne a ƙasarmu. Muhammadu Alkashinawi, mutumin Katsina wanda ya rasu a Alƙahira a 1741, ya shahara da hisabi har a Masar. Muna roƙon malaman zaure su riƙa gayyato malaman kimiyya na makarantun Daura da Katsina, shugabannin kasuwa kuma su sa ido a kan masu tallan abin da hankali ba ya ɗauka. Allah ya sa mu tambayi abin da zai amfane mu, mu kuma faɗi abin da muka sani kaɗai.