Takardar Talaka Da Shirun Akawu

Ran 11 ga Afrilu, 2025, Kotun Ƙoli ta Nijeriya ta yanke wani hukunci wanda ya kamata kowane akawu na Ƙaramar Hukuma ya san da shi, ko da a Gaya yake ko Ajingi. Asalin maganar daga Jihar Edo ne. Waɗansu mutane suka rubuta wa hukumar yaƙi da cutar ƙanjamau ta jihar, suna neman bayanin yadda aka kashe kuɗi, ba su sami biyan bukata ba, suka kai ƙara. A 2018 Kotun Ɗaukaka Ƙara ta Benin ta ce Dokar 'Yancin Samun Bayani ta 2011 ba ta hau kan jihohi ba. Kotun Ƙoli ta rushe wannan, ta ce dokar ta hau kan Gwamnatin Tarayya da jihohi da ƙananan hukumomi baki ɗaya.

To, mene ne ruwan akawun Gaya? Mu ɗauka wani manomi na Balan ya kawo takarda, yana so ya san nawa aka ware wa rijiyar garinsu ko rufin makaranta, da wanda aka bai wa kwangilar. A zamanin En'e, kafin gyaran 1976, sai a ce ya bi ta hannun dagaci da hakimi, ya kuwa haƙura. Yanzu doka ta ba ofis kwana 7 ya amsa, in takardun da yawa a ƙara waɗansu 7. Ba a tambayarsa dalilinsa. In bai iya rubutu ba, ya faɗa da baki, tilas ma'aikaci ya rubuta masa. Abin da ya fi muhimmanci kuwa shi ne, shiru kansa doka ta lasafta shi a kan ƙi. Daga nan mutumin yana da kwana 30 ya kai ƙara Babbar Kotu, kuma hukuma ce za ta kawo hujjar hanawa, ba shi ba. In aka tabbatar an hana shi ba bisa ƙa'ida ba, tarar Naira 500,000 ce. Wanda ya lalata takarda ko ya sāke ta da gangan, ɗaurin shekara 1 ne mafi ƙanƙanta.

Ga shi kuma ran 11 ga Yuli, 2024, wannan kotu ta ce a riƙa biyan ƙananan hukumomi 774 kasonsu kai tsaye. Wanda aka ce kuɗi su shiga hannunsa, lalle shi za a tambaya.

A ganina, yawancin shirun ofisoshinmu ba na mugunta ba ne. Takarda ce ke zuwa shugaba ba ya nan, masinja ya ajiye ta a aljihun tebur, ba wanda ya buga mata kwanan wata. Amma alƙali ba ya karɓar wannan hanzari. Gaskiya ne kuɗin lauya da na mota zuwa Kano sun fi ƙarfin manomi ɗaya, sai dai ƙungiyar gari tana iyawa, kuma a cikinta akwai malaman makaranta masu iya tsara takarda. Saboda haka kowane ofis ya tanadi littafin shigar da takardu, a rubuta ranar zuwa, a ba mai takarda shaidar karɓa, a kai ta gaban sakatare a ranar.