Gabby Pahinui: Leburan Da Ya Tsare Gadon Mutanen Hawai

Ran 13 ga watan Oktoba, 1980, Gabby Pahinui ya rasu yana da shekara 59. Mutumin nan makaɗin jita ne kuma mawaƙi a tsibiran Hawai da ke tsakiyar Tekun Pasifik, amma ya yi shekara da shekaru yana ciyar da iyalinsa da aikin gyaran titi a ƙarƙashin hukumar birnin Honolulu. Rayuwarsa abin dubawa ce ga duk mai tsammanin hukuma kaɗai ke iya tsare al'ada.

An haife shi a 1921, ya tashi a unguwar talakawa ta Kaka'ako, bai kuwa wuce aji biyar na firamare ba. A zamanin nan harshen Hawai yana cikin mawuyacin hali. An tumɓuke Sarauniya Lili'uokalani a 1893, a 1896 aka kafa doka cewa Turanci ne harshen koyarwa a makarantu, a 1898 kuma Amurka ta haɗe tsibiran da ƙasarta. Sannu a hankali yara suka tashi ba su jin harshen kakanninsu.

Kiɗan da Pahinui ya ƙware a kansa shi ake kira ki ho'alu. Ana sassauta wasu daga cikin tsirkiyoyin jita, babban yatsa yana riƙe da amo mai kauri, sauran yatsu suna fitar da zaƙin waƙar. Tarihi ya nuna makiyayan Meksiko da aka kawo kiwon shanu a shekarun 1830 su ne suka yaɗa jita a tsibiran, mutanen Hawai suka mai da ita tasu. Sai dai kowane gida ya riƙa ɓoye yadda yake ɗaure tsirkiyarsa, ba a koya wa bare. Sanin da aka ɓoye kuwa, tare da mai shi ake binne shi.

Nan ne Pahinui ya yi fice. A 1946 ya ɗauki waƙar Hi'ilawe a faifai, da harshen Hawai, yana cikin na farko da suka sa wannan kiɗa a faifai. A 1960 shi da Eddie Kamae suka kafa ƙungiyar Sons of Hawaii. Gidansa na Waimanalo ya zama makaranta ba tare da allo ba: kowane ƙarshen mako makaɗa na taruwa a tsakar gida, manya suna kaɗawa, yara suna kallon yatsunsu. 'Ya'yansa Bla da Cyril da Martin duk sun gaje shi.

Akwai masu cewa fitar da asirin gida kasuwa yana rage masa daraja, tun ba ma da baƙi irin su Ry Cooder suka zo suka yi faifai da shi ba. Amma abin da ya biyo baya ya ƙaryata su. Waƙoƙinsa na cikin abubuwan da suka farkar da samarin shekarun 1970, har a 1978 tsarin mulkin jihar ya amince da harshen Hawai a matsayin harshen hukuma tare da Turanci.

A 2017 aka kafa mutum-mutuminsa a Waikiki, shekara 37 bayan rasuwarsa. Karramawa ce mai kyau, sai dai ta makara. Ya kamata ma'aikatan al'adu da ɗalibai a ko'ina su nemi irin waɗannan mutane tun suna raye, su ɗauki muryoyinsu, su kuma kyautata musu.