Malamin Makaranta Ya Ari Halin Kaka

Sanin kowa ne cewa a ƙasar Hausa wasa yana da ƙa'ida. Taubashi yana tsokanar taubashinsa, jika yana wasa da kakansa, Bafillatani da Babarbare kuwa ba su haɗuwa su rabu ba a yi dariya ba. Amma uba ba ya wasa da ɗansa, balle ɗan fari. To, da yake an ɗora malamin makaranta a matsayin uba, malamai da yawa a ƙasar Daura, tun daga cikin birni har Zango da Ɓaure da Sandamu da Mai'aduwa, sun ɗauka cewa ranar da ɗalibai suka ga haƙoransu, ranar girmansu ya zube. Saboda haka sai malam ya shiga aji fuska a murtuke, bulala a hannu, yara su yi tsit, shi kuwa ya zaci shirun nan fahimta ce.

Wannan kuskure ne, kuma yana jawo hasara. Yaron da ke tsoron malaminsa ba ya tambaya, wanda ba ya tambaya kuwa haddar da bai gane ba yake kwashewa zuwa ɗakin jarrabawa. In abin ya ishe shi, kasuwar Mai'aduwa tana nan kusa, can kuwa akwai raha, akwai ɗan abin sawa a aljihu.

Abin da aka manta shi ne, ba uba ne malamin yaro na farko ba. Kaka ce, wadda ke tara jikoki da dare tana ba su labarin Gizo da Ƙoƙi. Dariya suke yi har da hawaye, amma sun tashi sun san ƙarshen makwaɗaici, kuma ba wanda ya taɓa cewa girman tsohuwa ya ragu. Marigayi Alhaji Abubakar Imam, wanda ya koyar a Makarantar Midil ta Katsina kafin ya zama editan Gaskiya Ta Fi Kwabo a 1939, ya gane wannan sarai. Da aka nemi ya rubuta wa makarantu littafin karatu, sai ya sa darussan a bakin aku. Magana Jari Ce ta fara fitowa a 1937, har yau kuma dattawan da suka manta sunan hedimastansu ba su manta labaranta ba.

Malamin Daura ma ba sai ya je nesa neman abin aro ba. Ga rijiyar Kusugu a tsakiyar gari, kowane yaro ya san labarin macijin da ya hana ɗiban ruwa sai ranar Juma'a. Malamin lissafi yana iya tambaya: gida mai mutum 12, kowa na bukatar tulu 2 a yini, tulu nawa za a ɗebo ranar Juma'a, kuma wa zai haƙura da wanka in an fasa ɗaya? Ajin zai kaure da dariya, amma kafin a tashi an ninka 24 sau 7, an sami 168.

Sai dai akwai dariyar da ta fi bulala ciwo. Malamin da ke kwaikwayon mai i'ina, ko ya laƙaba wa yaro sunan jaki, ko ya yi wa ɗan ƙauye ba'a da tufafinsa, ba raha yake yi ba, cin mutunci ne. 'Yan ajin za su yi dariya, gaskiya ne, amma sunan zai bi yaron har tsufansa, wata yarinyar kuma daga ranar ba za a sake ganinta a makaranta ba. Abin dariyar ya zama Gizo ne, ko darasin, ko shi malamin da kansa in ya yi tuntuɓen harshe.

Tun lokacin shirin ilmin firamare kyauta na 1976, da aka horar da malamai cikin gaggawa, aka fi kula da yawan masu riƙe alli bisa ga yadda suke riƙe aji. Ya kamata Kwalejin Ilmi ta Isa Kaita da ke Dutsin-ma da ta Tarayya da ke Katsina su riƙa duba wannan fanni yayin gwajin koyarwa. Sufetocin makarantu kuma, in sun ji dariya na tashi daga wani aji, su dakata a bakin taga su saurari abin da ake wa dariyar kafin su ciro alƙalami.