Kotun Ɗaukaka Ƙara Da Ma'aunin Hujja A Shari'ar Kisan Kai

Bismillahir Rahmanir Rahim.

'Yan uwana matasa, duk ranar da aka ji cewa kotun ɗaukaka ƙara ta saki wanda aka yanke wa hukuncin kisa, abin da ke fara fitowa daga bakinmu shi ne: "An ci hanci!" Ni ma a da haka nake cewa. Amma da na yi nazarin yadda kotun take aiki, na kuma waiwayi abin da muke karantawa a babin shari'a da shaida, sai na gane cewa sau da yawa muna yin gaggawa.

Da farko mu sani, a ƙa'ida kotun ɗaukaka ƙara ba ta sake kiran shaidu. Kundin shari'ar take karantawa. Tana girmama fahimtar alƙalin farko, domin shi ne ya ga shaidu ido da ido, ba ta kuma taɓa hukuncinsa sai idan ya saɓa wa abin da ke rubuce. Tambayoyinta uku ne: Shin mutumin ya mutu? Shin aikin wanda ake tuhuma ne ya jawo mutuwar? Shin da gangan ya aikata? Sashe na 135 na Dokar Shaida ta 2011 ya ɗora wa mai gabatar da ƙara nauyin tabbatar da laifi har sai babu sauran shakka mai ma'ana.

Ga misali da kowa ya sani. An harbe Hajiya Kudirat Abiola a Legas a shekarar 1996. A Janairun 2012 babbar kotun Legas ta yanke wa Manjo Hamza Al-Mustapha da Lateef Shofolahan hukuncin rataya. A Yulin 2013 kuwa kotun ɗaukaka ƙara ta soke hukuncin, ta sallame su. Babban dalili shi ne, manyan shaidun gwamnati biyu, har da Saja Rogers, sun janye maganarsu ta farko a gaban kotu. Shaidan da ya ce e yau, gobe ya ce a'a, ta yaya za a rataye mutum da harshensa?

Wannan ma'auni ba baƙo ba ne a wurinmu. A Musulunci hujja tana kan mai da'awa ne. Malaman Malikiyya ba su tabbatar da ƙisasi sai da iƙirarin mai laifi, ko shaidar maza biyu adilai, ko ƙasama, wato rantsuwa hamsin da magadan mamaci za su yi idan akwai alama mai ƙarfi. Haka nan, a wasiƙar da Sayyidina Umar (RA) ya aika wa Abu Musa Al-Ash'ari, ya nuna masa cewa hukuncin jiya ba zai hana alƙali komawa ga gaskiya ba idan ta bayyana gare shi. To me ya fi wannan kama da hikimar ɗaukaka ƙara?

Wani zai ce: to jinin wanda aka kashe fa? Tambaya ce mai nauyi, ban raina ta ba. Sallamar kotu ba ta nufin ba a yi kisa ba. Ma'anarta ita ce hujjar da aka kawo ba ta kai a ɗauki rai ba. Maraicin 'ya'yan mamaci yana nan. Amma wanda ya kamata mu tuhuma shi ne mai binciken da ya yi sakaci, da tsarin da ke riƙe mutum fiye da shekara goma kafin a gama shari'arsa. Idan aka kashe wanda bai ji ba bai gani ba, jini ya zama biyu, mai laifin kuma yana yawo a gari. Kurkuku ana buɗe shi, kabari kuwa ba a ɗaukaka ƙara daga cikinsa.

Saboda haka nasihata gare ni da ku: kafin mu yanke wa wani hukunci a intanet, ko mu jefi alƙali da cin hanci ba tare da hujja ba, mu tuna cewa wannan ma shaida ce, kuma za a tambaye mu a kanta. Wanda ya kuɓuta a nan da ƙarya, akwai kotun da shaidunta gaɓoɓin jikinsa ne.

Allah ne mafi sani. Ya sa mu gama da duniya lafiya, amin.